Fushi Mai Ƙa'ida: Zama da Matattun Aladu a Minecraft

A cikin halittun da ke yawo a wasan Minecraft, babu wadda kamanninta suka saɓa wa halinta kamar mataccen figilin. Siffarsa ta alade ce mai tafiya da ƙafa biyu, rabin naman jikinsa ya zagwanye har ana hango haƙarƙari da ƙoƙon kai, ga takobin zinariya a hannu. Duk wanda ya fara cin karo da shi zai ɗauka ajali ne ya tunkaro. Amma kana iya ratsa tsakiyar garkensu, kafaɗa tana gugar kafaɗa, ba wanda zai ɗaga maka hannu. Zaman lafiyar yana nan daram har ranar da makaminka ya taɓa ɗaya daga cikinsu. Daga wannan lokacin, duk wanda ke kusa ya zama abokin gabarka.

Na daɗe ina buga wannan wasa bayan tashi daga aiki, wani lokaci ni kaɗai, wani lokaci tare da 'ya'yan ƙanwata. Na lura cewa iyaye da yawa ba su san komai game da shi ba sai ihun da ke fitowa daga ɗakin yara idan an yi asara. Asarar kuwa ta gaske ce a wurin mai ita: aikin mako guda na haƙar lu'ulu'u da ƙera sulke yana iya salwanta cikin daƙiƙa goma. Sau da yawa waɗannan aladu ne sanadi, kuma kusan kullum ana iya kauce wa abin, domin fushinsu yana da ƙa'ida, kuma ana iya koyon ƙa'idar.

Daga ina suka fito

Markus Persson, ɗan ƙasar Suwidin, shi ya fara fitar da Minecraft a 2009, kuma kamfanin Microsoft ya sayi Mojang, gidan da ke yin wasan, a 2014 kan dala biliyan 2.5. A ƙarshen Oktoba 2010 aka ƙara wa wasan wata duniya ta biyu mai suna Nether, wadda ake shiga ta ƙofar da aka gina da baƙin dutsen obsidiyan aka kunna mata wuta da ƙyastu. Wuri ne na jan dutse da tafkunan narkakken dutse, inda ruwa ke ƙafewa da zarar an zuba shi, gado kuma ya tarwatse idan aka yi yunƙurin kwanciya a kai. Mutane suna jure wahalarsa saboda dalilai biyu: akwai kayan da ba a samu sai can, kuma tafiyar tubali ɗaya a Nether daidai take da tubali takwas a duniyar sama.

Tun ranar farko waɗannan aladu suke can. Shekara goma ana kiransu aladun zombi, har zuwa Yuni 2020 da aka yi wa Nether babban garambawul. A lokacin ne aka kawo danginsu masu rai, wato figilin, aka kuma sauya wa tsofaffin suna da siffa don a nuna cewa su gawawwakin waɗancan ne. Bambancin yana da muhimmanci ga mai wasa. Figilin mai rai yana far wa duk wanda bai sa wani abu na sulken zinariya ba, yana kuma karɓar curin zinariya ya ba da kaya a madadinsa. Matacce bai damu da abin da ka sa ba, ba ya ciniki, wuta ba ta ƙona shi, narkakken dutse ma haka. Masu ran ma gudunsa suke yi idan ya matso.

Ba a Nether kaɗai ake ganinsu ba. Idan aradu ta faɗa wa aladen gida, nan take yake rikiɗa ya zama irinsu. Figilin mai rai da ya tsallako duniyar sama yakan kama karkarwa, bayan daƙiƙa 15 ya koma matacce. Wani lokaci kuma ɗaya yakan ɓullo haka nan daga ƙofar Nether, ya yi ta gantali a gonarka. Akwai kuma wani ɗan'uwansu da bai kamata a haɗa su ba: hogilin, ƙaton gadu mai haure, wanda shi ma idan ya tsallako yake zama zogilin. Wannan ba shi da wata ƙa'idar zaman lafiya, kusan duk abin da ke motsi kai masa hari yake yi.

Ga iyayen da kalmar alade ta tsaya wa a rai: wasan ba ya tilasta wa kowa cin naman alade. Ana rayuwa a cikinsa da burodi, kifi, kaza da naman tunkiya, kuma abin da waɗannan matattu ke zubarwa ruɓaɓɓen nama ne da gutsattsarin zinariya.

Yadda fushin yake yaɗuwa

Masu yin wasan sun raba halittunsa gida uku: marasa cutarwa kamar shanu da kaji, masu kai hari da ganin mutum, da 'yan ba-ruwanmu waɗanda sai an tsokane su. Mataccen figilin na cikin gida na uku. Abin da ya sa ya fi sauran haɗari shi ne ba ya yin fushi shi kaɗai. Wanda aka taɓa yana sanar da na kusa da shi, su ma su ɗauki fushin. Muddin mai fushi yana hango ka, yana ci gaba da kiran wasu lokaci bayan lokaci. Shi ya sa gudu a fili ba ya kashe wutar: kana gudu suna bin ka, duk garken da kuka gifta yana shiga sahu, abin da ya fara da uku ya koma zuga.

Lissafin faɗan ma bai goyi bayan mai wasa ba. Kowannensu yana da ƙarfin rai daidai da naka, zukata goma. Idan ya fusata saurinsa yana ƙaruwa. A matsakaicin matakin wahala na bugun Java, sara ɗaya yana cin zukata huɗu ga wanda ba shi da sulke, ke nan sara uku sun gama da shi. Ƙananan cikinsu sun fi manya gudu, suna kuma kutsawa ta ramin da babba ba zai shiga ba. Mai kyakkyawan takobi zai iya kayar da ɗaya ko biyu, amma a nan sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi.

Abin lura shi ne, wasan ba ya duba niyya. Kibiyar da ka harba wa wani dodo ta kauce ta same shi, tsokana ce. Digar da kake haƙa da ita ya gifta ta gabanta, tsokana ce. A bugun Java, saran takobi yana sharar abin da ke gefen wanda aka nufa, don haka faɗa da wata halitta a cikin cunkosonsu ganganci ne. Na taɓa zama ina kallon babban ɗan ƙanwata yana haƙar farin dutse a bango, wani ya ratso tsakaninsa da bangon daidai lokacin da ya danna. Yaron ya yi ta rantsuwa cewa bai yi da gangan ba, kuma gaskiya ya faɗa. Babu wanda zai kai wa ƙara.

Abin yi idan ta ɓaci

Rigakafin a bayyane yake: kada ka yi haƙa ko harbi alhali ɗayansu yana tsakaninka da abin da ka nufa. Ka jira ya wuce, ko ka gitta tubali tsakaninku. Ka kewaye ƙofarka ta Nether da ɗakin dutse tun zuwan farko, don ka sami mafaka da kuma wurin sauka lafiya.

Idan kuwa abin ya riga ya faru, abu biyu ne ke ceto: katanga da haƙuri. Ba su da makamin nesa, don haka mutumin da ya tara tubali uku ƙarƙashin ƙafarsa ya hau ya fi ƙarfin takobinsu, ko da yake ya miƙa kansa ga gast, farin dodon nan mai shawagi da ke jefo ƙwallon wuta. Mafi aminci shi ne ka kutsa cikin bango ka toshe bayanka, ko ka rufe kanka ta kowane gefe da dutse. Da zarar sun daina ganinka, kiran ya tsaya, agogon yafiya ya fara tafiya. Bai kai minti ɗaya ba ga kowannensu, amma mai hankali yakan ƙara jira, don wanda aka kira daga baya agogonsa bai fara tare da na farko ba.

Dabarar da ta fi yaudarar sababbin 'yan wasa ita ce tserewa ta ƙofa zuwa duniyar sama. Idan babu kowa a Nether, lokaci yana tsayawa cik a can. Ka je ka yi noma, ka yi barci, ka kwana goma, ka dawo ka tarar da su a bakin ƙofa da fushinsu yadda ka bar shi. Jiran da ke da amfani sai an yi shi a kusa da su, a bayan katanga. Idan kuma suka kashe ka, bisa tsarin da bugun Java ke zuwa da shi sun yafe, sai dai kayanka suna zube a inda ka faɗi, kuma minti biyar suke yi su ɓace idan akwai mai wasa a yankin, wanda ya gangara cikin narkakken dutse kuma sai dai haƙuri.

Wanda ya ƙudurta yaƙarsu da gangan, ya yi shi daga wurin da ya shirya: tudu ko ɗaki mai ƙaramar taga, da takobin da aka yi wa tsafin sarar matattu. Ruwan maganin warkarwa cutar da su yake yi, kamar sauran matattun wasan. Warkar da su kuwa ba ta yiwuwa. Ɗan ƙauyen da ya zama zombi ana dawo da shi da ruwan raunanawa da tuffar zinariya, amma figilin idan ya mutu ya mutu ke nan.

Gonar zinariya

Akwai wani ɓangare na labarin da nake yawan tunani a kai. Ƙwararrun 'yan wasa sun gano cewa wannan haɗin kai da ke tsorata sabon shiga shi ne babban rauninsu. Tunda duk wanda ya ji kira sai ya zo, kuma ta hanya mafi kusa yake zuwa, ana iya gina dandamali inda suke ɓullowa, a tsaya a tsakiya, a harbi ɗaya da gangan, sauran su yi ta kwararowa suna faɗawa rami. Wasu ma ba sa buƙatar tsokana: ƙwan kunkurun teku suke ajiyewa, don waɗannan matattu ba sa ganinsa su ƙyale, sai sun nufe shi su tattake. Gutsure tara na zinariya suna haɗa curi ɗaya, curin kuma a kai wa figilin masu rai a yi musaya. 'Yan wasa suna kiran wannan gini gona.

Ba na ganin laifin yaron da ya gina irinta. Lissafi ne da injiniyanci, kuma wanda ya iya tsara ta ya fahimci tsarin fiye da wanda ke sara ba kai ba gindi. Abin da ke ɗaukar hankalina shi ne darasin da ke kwance a ciki, wanda babba zai gane kafin yaro: taron da kowa ya san abin da ke tunzura shi, da hanyar da zai bi idan ya tunzura, ya zama kayan aikin duk wanda ya natsu ya karance shi. Mai harba kibiyar farko ba fushi yake yi ba. Yana tsaye ne a inda takobi ba ya kaiwa, yana jiran abin da zai zubo.

Ni dai na fi son ɗaya hanyar. Ina da doguwar hanya da na shimfiɗa a Nether tsakanin gidana da wani ƙauye mai nisa, na yi mata bango da rufi, na bar tagogi. Ta cikinsu nake hango su suna kai da kawowa a bakin tafkin wuta, kowanne da takobinsa, ba wanda ya kula da ni. Idan na haɗu da ɗaya ya tsaya a bakin ƙofa, ina mayar da makamina, in riƙe tubali a hannu, in jira ya matsa. Ƙaramin ɗan ƙanwata yana ganin wannan ɓata lokaci ne, har yakan ce, "Kawu, ture shi mana ka wuce." Nakan ce masa ya leƙa taga ya ƙirga na waje tukuna.