Malam Ibrahim Imam, Shugaban 'Yan Hamayya

A zamanin da Arewa duka take jiha ɗaya, kafin a rarraba ta a 1967, Majalisar Dokokinta tana zama a Kaduna ne. A cikin waɗanda suka zauna a wannan majalisa akwai wani Babarbare mai kaifin harshe, sunansa Malam Ibrahim Imam. Kada mai karatu ya ɗauke shi a kan Alhaji Abubakar Imam, editan Gaskiya Ta Fi Kwabo, suna ne kawai ya zo ɗaya.

An haife shi a Yerwa a 1916, ɗan babban gida ne. Ya yi karatu a Kwalejin Katsina, ya komo ya kama aiki a En'e ta Barno, har ya zama mai duba ayyukan gine-gine. Da aka shiga siyasa sai ya zama Babban Sakataren Jam'iyyar Mutanen Arewa, watau N.P.C. Wannan kuwa ba ƙaramin matsayi ba ne, gama alƙalamin jam'iyya duk a hannunsa yake.

A cikin watan Maris na 1953, a Majalisar Wakilai ta Ikko, Anthony Enahoro ya kawo batun a ba Nijeriya mulkin kai a 1956. Sardauna ya ce a'a, sai dai a ce in lokaci ya yi. Ibrahim Imam ne ya miƙe ya nemi a ɗage maganar. 'Yan Kudu suka fice cikin fushi, mutanen gari suka yi wa wakilan Arewa ature. A ran nan babu wanda ya fi shi tsayawa wa jam'iyyarsa.

To, shekara guda ke nan, a 1954, sai ga shi ya ajiye aikin sakatare, ya bar jam'iyyar. Abin da ya raba su shi ne sha'anin En'e. A lokacin nan kotun alkali, da 'yan doka, da gidan yari, da karɓar haraji, duk suna hannun En'e, ita kuwa N.P.C. da sarakuna da hakimai ta dogara. Shi ya yi aiki a ciki, ya san inda ruwa ke shiga, yana so a gyara. Amma wanda ya ce zai gyara En'e daga cikin N.P.C., kamar mai saran reshen da yake zaune a kai ne. Ya zama uban ƙungiyar samarin Barno da ake kira B.Y.M., suka haɗa kai da N.E.P.U. ta Malam Aminu Kano. Daga baya suka ɓata, ya koma wajen jam'iyyar Awolowo, ya zama shugaban 'yan hamayya a majalisar Kaduna.

Masu sukarsa sun ce ba ya zama wuri ɗaya, kuma maganarsu ba ta rasa ƙanshin gaskiya. Sai dai a tuna, ba wuya ya bari ya tafi daɗi ba. Inuwa ya bari ya shiga rana. Ɗan hamayya a wancan zamani, kafin ya yi lacca sai ya nemi izni wajen En'en da zai soka, in ya yi suɓul da baka, alkalinta ne zai yi masa shari'a. Tsuntsun da ya ja ruwa kuwa shi ruwa kan doka. Sannu a hankali Barno ta yi masa ƙunci, samun kujera a garinsu ya zama da wuya.

Nan ne abin mamaki ya auku. A zaɓen 1961 abokinsa Joseph Tarka, shugaban jam'iyyar U.M.B.C., ya kai shi ƙasar Tibi, ya tsai da shi a mazaɓar Jemgbar. Ga shi Musulmi, ga shi Babarbare, ba harshe ɗaya ba, ba addini ɗaya ba, garinsu kuma tafiyar kwana da kwanaki. Duk da haka manoman doya suka jefa masa ƙuri'a, ya koma Kaduna yana wakiltarsu. Abin da ya haɗa su, kowannensu yana neman a yanka wa mutanensa jiharsu.

Soja suka rufe majalisar a watan Janairu na 1966. A 1967 aka ƙirƙiro Jihar Arewa Maso Gabas, hedkwatarta Maiduguri, a 1976 kuma aka yi Jihar Barno da Jihar Binuwai a rana ɗaya. Shi da Tarka duk sun ga wannan da idonsu, sa'an nan suka rasu a shekara ɗaya, 1980.