Minti Bakwai a Lungun Mandawari

Jiya bayan La'asar wani ɗalibina ya nuna mini gajeren fim da ya ɗauka da waya a Mandawari. Babu waƙa, babu rawa, ba mai cewa uffan. Wata uwa ce ke tsinkar zogale, idonta na kan ƙofa. Taya ta fashe a titi, kwanon ya suɓuce mata.

Na yi niyyar yi masa nasiha kan ɓata lokaci, sai jikina ya yi sanyi. Tun hare-haren Juma'ar nan, 20 ga Janairu, 2012, haka mahaifiyata take idan ɗayanmu ya yi dare. Kullum ina karantar da tawakkali, amma ban taɓa tambayarta abin da take ji ba. Yau a ɗakinta na karya kumallo.