Layi na Huɗu

A cikin akwatin ƙarfe na tsohuwarsa, ƙarƙashin zannuwan da ba ta ɗaurawa sai ranar salla, akwai kaset bakwai. Shida daga ciki muryar mahaifinsa ce, wadda ya riƙa aikowa daga Abijan tsakanin 1994 da 1998, lokacin da yake ci-rani a can. Na bakwai ma muryarsa ce a da. Wata rana babban ɗan gidan, yana da shekara goma sha ɗaya, ya ɗauke shi ya naɗi waƙa daga rediyo a kai. Bai san cewa a saman kowane kaset akwai ɗan harshen roba da ake ɓallewa don a hana sake naɗi ba, kuma babu wanda ya ɓalle shi. Mahaifin ya rasu a 2003. Ba a taɓa yi wa yaron faɗa a kan wannan kaset ba, abin da ya fi duka ciwo ke nan.

Yaron nan shi ne a yau magidanci mai gyaran talho da kwamfuta a wata ƴar rumfa a Maraɗi. Duk wanda ya saurari kaset ɗin nan shida zai ji yadda wasiƙar murya take a wancan zamani: mutum ya danna maɓalli biyu tare, ya yi gyaran murya, ya gai da kowa da sunansa, har da maƙwabta da akuyar da ya bari da ciki. A bayansa ana jin hon ɗin motoci da wata mata mai talla cikin yaren da ba a sani ba. Kaset, wanda kamfanin Philips ya fito da shi a 1963, ba ya bambanta mai magana da hayaniyar titi. Abin da ya shiga tare, tare zai fita har abada.

Shi dai ya fara sanin wasan kwamfuta ne a 2007, a wani gidan intanet inda samari ke layi don su buga ƙwallon kamfanin Konami da ake kira PES, wanda daga baya, a 2021, aka sauya wa suna eFootball. A nan ya ga manhajar Fraps, mai ɗaukar hoton abin da ke gudana a fuskar kwamfuta. Ta kyauta daƙiƙa 30 kawai take ɗauka, da sunanta rubuce a saman hoton, amma daƙiƙa 30 sun ishi mutum ya adana ƙwallon da ya ci don ya yi wa abokinsa gori har mako guda. Murya ba ta dami kowa ba a lokacin, tunda duk masu ihun suna ɗaki ɗaya.

Murya ta zama abin nema ne a 2019, da autan gidan ya samu tallafin karatu ya tafi Maroko. Akan ce zumunta a ƙafa take, to amma ƙafa ba ta kai Kasablanka kowane mako. Sai suka yanke cewa duk daren Asabar, in intanet ya yarda, za su buga ƙwallo, kowa a gaban tasa kwamfutar, suna hira ta Discord, manhajar zance da ta fito a 2015 ta janye ƴan wasa daga Skype da TeamSpeak. Yayan ya ce zai riƙa naɗa, ƙanen ya ce to, aka yi dariya, aka wuce wurin.

Naɗin farko abin tausayi ne. Da ya kunna washegari, sai ya ga fili da ƴan ƙwallo, ya kuma ji muryarsa shi kaɗai: yana tambaya babu mai amsawa, yana ƙyalƙyala dariya a kan zancen da ba a ji ba, kamar wanda iska ta taɓa yana tafe a kasuwa. Laifin nasa ne, domin bai gane cewa abin da kunnensa ke ji wuri ɗaya, a cikin kwamfuta ruwa uku ne masu hanya dabam-dabam ba. Akwai sautin wasan, wato ihun ƴan kallo da usur ɗin alƙali. Akwai muryarsa, mai shiga ta mikro. Akwai kuma muryar ƙanensa, wadda ake matsewa a can, a yanyanka ta ƙanana, a turo ta intanet, a sake harhaɗa ta a nan. Na farko da na uku fita suke yi, na biyu shiga yake yi, shi kuwa abin da ke shiga kaɗai ya gaya wa manhajar ta kama.

Ya yi ta gwaji. Ya cire abin kunne ya buɗe lasifika don mikro ya kwashi komai, sai muryar ƙanen ta riƙa komawa Maroko tana dawowa, yaron yana jin kansa sau biyu har ya yi fushi. Ya tono tsohuwar dabarar zamanin Windows XP, wadda ke mai da abin da ke fita ya zama kamar mai shiga, ya samu sautin duka a haɗe. Nan ma wata matsalar ta ɓullo: duk lokacin da aka ci ƙwallo, ihun filin ya danne maganar, kuma a daidai lokacin ne auta ke faɗin abin da ya fi daɗi. In an riga an dama fura da nono, ba a cewa a ware nonon.

Mafita ta zo ta OBS, manhaja ta kyauta da aka fara a 2012, wadda ke barin mutum ya zuba sauti a layuka dabam-dabam cikin fayil guda. Ya tsara nasa kamar haka: layi na ɗaya komai a haɗe, domin shi ne mafi yawan na'urori ke kunnawa, na biyu wasan, na uku bakinsa, na huɗu ƙanensa. Raba na biyu da na huɗu ya ba shi wuya, tunda duka biyun ta ƙofa ɗaya suke fita. Sai da ya ƙara wata ƙaramar manhaja mai kwaikwayon waya, ya bi da muryar Discord ta cikinta ita kaɗai. A 2022, da OBS ta kai fitowa ta 28, ta iya kama sautin kowace manhaja a ware, wannan wahala ta kau. Ya kuma koyi daidaita komai a kan awo ɗaya, 48,000 a daƙiƙa, don kada wani abu ya zauna a 44,100 sauti ya riƙa zamewa daga hoto. Ya koyi tafa hannu sau ɗaya kafin a fara, ya zama alamar da zai daidaita layukan a kanta. Darasi mafi tsada kuwa wuta ce ta koya masa. Wani dare ta ɗauke ana tsakar wasa, hirar awa biyu ta tafi, saboda fayil ɗin MP4 na gargajiya sai a ƙarshe yake rubuta jadawalin abin da ke cikinsa, in bai kai ƙarshen ba ya zama buhun da ba a san bakinsa ba. Tun daga ranar ya koma MKV, wanda ko an katse shi yana riƙe abin da ya riga ya shiga.

A hankali ya lura da wani abu game da kansa: bai taɓa komawa ya kalli wasa ko ɗaya ba. Hoton ya fi sautin cin wuri nesa ba kusa ba, don haka ya riƙa share shi, yana ajiye layi na huɗu. Awa guda ta murya, a ma'aunin 160 da manhajar ke sakawa da kanta, megabait 72 ce, ƙasa da abin da yara ke kashewa a kallon raha. An ce gani ya kori ji, amma a rumfarsa ji ne ya kori gani. Kuma tsohuwar ta samu labari. Kowace Juma'a bayan la'asar sai ta ce, ba tare da ta ambaci sunansa ba, kasancewarsa ɗan fari: "Kai wannan, kawo mini yaron nan in ji." Ya sa mata abin kunne, ta zauna a kan tabarma tana murmushi, tana jin autanta yana zagin mai tsaron gidan da bai da rai.

Ɗaukar murya ba baƙon abu ba ne a ƙasar nan. A Yamai, cibiyar nazarin harsuna da tarihin baka da aka kafa a 1968, wadda aka sani da CELHTO, ta tara muryoyin dattawa da maroƙa masu yawa, kuma Musa Hamidu ya yi shekaru yana riƙe wa Jean Rouch mikro. Sai dai waɗannan dattawa sun ga na'urar a gabansu, sun gyara rawani, sun zaɓi abin da za su faɗa. Mahaifin nan ma a Abijan ya san da wa yake magana. Hirar wasa ba haka take ba. Mai wasa idonsa na kan ƙwallo, hannunsa na kan maɓalli, bakinsa kuwa babu mai gadi. Yaron da in an kira shi a talho ba ya wuce "lafiya lau, karatu da godiya", a cikin wasa yakan faɗi kuɗin haya, da sanyin Janairu, da sunan yarinyar da ta daina amsa saƙonsa. Wannan shi ne darajar layi na huɗu, shi ne kuma haɗarinsa. Discord ba ta sanar da mutum cewa wata manhaja a can gefe tana naɗar sa, kuma "to" ɗin da aka faɗa cikin dariya a 2019 ba ta isa ta rufe duk abin da baki zai zubar bayan shekara huɗu ba.

A wani daren Asabar na 2023, ana cikin rabi na biyu, auta ya ce: "Yaya, ka san na bar makaranta." Ya faɗe ta da muryar da yake cewa a ba shi ƙwallo. Ya faɗi jarrabawa sau biyu, an yanke tallafin tun bara, yanzu yana aiki a wani gidan amsa kiran talho, yana sauraron koke-koken Faransawa daga safe zuwa dare. Kuɗin da yake turo wa Inna da salla daga nan suke fitowa. Yayan bai ce komai ba sai "to". Suka ƙarasa wasan, auta ya ci biyu da ɗaya.

Washegari ya buɗe layi na huɗu a Audacity. Ga maganar nan tsaf, babu ihun fili a kanta, babu usur, daƙiƙa arba'in da ƴan kai. Aikin da ya yi shekaru yana gyarawa ya yi kyau fiye da yadda yake so. Da a haɗe take da hayaniya irin ta kaset ɗin Abijan, da wataƙila tsohuwa ba za ta tsinci komai ba. Ya zaɓi wurin, ya danna, ya yanke. Bai ɗauki minti ɗaya ba. Magana zarar bunu ce, in ji mutanen da, amma ga shi ya mai da bunun ɗaki. Da ya saurara sai ya ji ɗinkin: kafin yankan yaron na dariya, bayan yankan muryarsa ta yi nauyi kamar wanda ya sauke kaya, kuma babu abin da ya haɗa biyun. Uwar da ke gane ɗanta yana mura daga "salamu alaikum" ba za ta rasa jin wannan ba. Ya kuma tuna kaset na bakwai. Wancan karon bai sani ba.

Ya mai da abin da ya yanke. Kwana uku yana juya zancen, yana gyaran talhon mutane yana mantawa da sukurori a kan tebur. Ya ba ta naɗin yadda yake, ya ci amanar wanda ya yi magana bai tuna ana naɗa ba. Ya ba ta yankakke, ya yi mata ƙarya da bakin ɗanta. Ya ce wuta ce ta ɗauke, wannan ma ƙarya ce, kuma Asabar mai zuwa fa? Ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba, gaskiya ne, sai dai wannan sirrin ba a cikinsa kaɗai yake ba, yana cikin fayil mai suna da kwanan wata.

Ranar Laraba da dare ya kira Kasablanka, ba don wasa ba.

"Auta, abin da ka faɗa ranar Asabar yana cikin naɗi."

Shiru ya yi tsawo har ya duba ko layin ne ya yanke.

"Har yanzu kana naɗa, Yaya?"

"Ban taɓa dainawa ba. Ya kamata in riƙa tuna maka. Inna na saurare duk Juma'a."

"Duka?"

"Duka, ban da wannan."

Ya ji numfashin yaron, da ƙarar wata mota a titin da bai taɓa gani ba.

"Kada ka share. Kada kuma ka sa mata. Jibi in ta ce a kawo ni, ka kira ni kawai."

Ranar Juma'a bayan la'asar tsohuwa ta shimfiɗa tabarmarta ta ce a kawo mata yaron nan. Ya ɗauko kwamfutar daga rumfa, ya jona, ya jira har sunan ƙanensa ya nuna alamar yana nan. Ya gyara mata abin kunne a kan ɗankwali, ya jawo mikro kusa da bakinta, ya ce: "Inna, yau in kin yi magana zai amsa." Ta dube shi, ta dubi na'urar. Kafin ya tashi ya rufe OBS gaba ɗaya, ya sake dubawa ya tabbata ta rufu. Sa'an nan ya ɗauki buta ya fita zaure, ya ja ƙofar.