Ziyara A Oron, Inda Jatan Lande Ke Fitowa

A 'yan shekarun nan wani irin abincin dare ya shiga gidajen ma'aikata a Ikko da Abuja, watau taliya da jatan lande cikin romon madara. Abin da ya sa ya karɓu kuwa shi ne sauri. Mutumin da ya taso daga ofis, ya sha cunkoson motoci a kan gada, ya isa gida bayan lisha, yana iya ɗora tukunya ya sauke kafin minti 20 su cika. Amma da za a tambayi masu cin nan inda wannan ɗan halitta mai dogon gashin baki ya fito, yawancinsu ba za su wuce faɗin sunan kantin da suka saye shi ba. Wannan ne ya sa na yi tattaki zuwa Oron, domin masu magana sun ce gani ya kori ji.

Oron gari ne a Jihar Akwa Ibom, wadda aka yanko daga Jihar Kuros Riba cikin 1987. Yana zaune a bakin Kogin Kuros, daidai inda kogin ya buɗe ya yi faɗi yana shirin faɗawa teku. Daga Uyo tafiyar kamar awa guda ce a mota, Kalaba kuwa tana can hayi, ana tsallakawa a jirgin ruwa. A nan ne Makarantar Koyon Aikin Jiragen Ruwa ta Nijeriya take, wadda ta fara ɗaukar ɗalibai cikin 1979. Akwai kuma gidan ajiye kayan tarihi a bakin ruwa, inda aka tara sassaƙen kakanni da mutanen wurin ke kira Ekpu. An wawushe shi lokacin yaƙin basasa, aka sake buɗe shi cikin 1977. Baƙo ya kamata ya leƙa waɗannan wurare, amma ba su ne suka kawo ni ba.

Kasuwar bakin ruwa, hanci ne ke fara sanar da mutum ya iso ta kafin ido. Ƙaurin hayaƙi da ƙarnin kifi da warin man fetur sun cakuɗe sun zama iska guda. Manyan kwalekwale na katako suna jere a gaɓa, kowanne da injinsa a baya, samari suna sauko da buhuna a ka, suna ratsa ruwa har gwiwa. Maza ne ke fita kamun, amma ciniki yana hannun mata. Su ke karɓar kaya, su ke awo, su ke yanke farashi, kuma sau da yawa su ne suka ba masunci bashin man da ya fita da shi. Mudunsu bokitin fenti ne da daro. Wanda bai san kan abin ba, sai mai sayarwa ta debi ɗan kaɗan ta miƙa masa ta ce ya tauna. In ya ji ƙasa a haƙori, to, a kan yashi aka shanya shi, kuɗinsa ya ragu. In ya ji garɗi da ƙanshin hayaƙi, ya kuwa karye ƙaras, wannan shi ne na kirki.

Ya kamata mai karatu ya san cewa jatan lande iri biyu ne a idon ɗan kasuwa. Akwai ƙanana, waɗanda ba su fi tsawon gaɓar yatsa ɗaya ko biyu ba, su ne ake yi wa banda a sayar da sunan kirefish, har su kai kasuwar Sabon Gari a Kano. Miyar mutanen wannan yanki, ko afang ce ko edikang ikong, ba ta haɗuwa sai da su, kamar yadda miyar kuka ba ta haɗuwa sai da daddawa. Sa'an nan akwai manya, masu tsoka, waɗanda ake sa wa ƙanƙara. Su ne ke shiga taliyar ma'aikacin Ikko. Mafi girmansu shi ne mai zane-zane a baya kamar damisa, wanda wani lokaci ya kan kusa kai tsawon ƙafa guda. Shi wannan baƙo ne a ruwanmu, asalinsa daga tekunan Asiya yake, sai wajen ƙarshen shekarun 1990 masunta suka fara ganinsa a tarunsu.

Na san akwai 'yan'uwanmu na Arewa da ke yamutsa fuska in sun ga jatan lande, su ce ai ƙwaro ne. Malaman Malikiyya dai sun halatta abin da ke rayuwa cikin teku. Mu kuma da ke soya fara mu barbaɗa mata yaji, ban ga bakin da za mu yi wa mai cin jatan lande dariya da shi ba.

Wanda ke son ya gane wannan sana'a sai ya bar kasuwa ya shiga kwalekwale. Da an yi nisa kaɗan daga gari sai a shiga ƙananan rafuka da suka ratsa wani irin kurmi. Itatuwan kurmin nan cikin ruwan gishiri suke tsiro, saiwoyinsu a waje suke, sun sarƙe da juna kamar yatsun hannu an kafa su cikin taɓo. Sau biyu a yini da dare ruwa ke cikowa ya rufe saiwoyin, sau biyu ya janye. Manyan jatan lande a can cikin teku suke zuba ƙwai, amma 'ya'yan, tun suna ƙanana ido bai cika ganinsu ba, sai ruwa ya koro su cikin wannan sarƙaƙiya. A nan suke samun ruɓaɓɓen ganye su ci, a nan suke ɓuya daga manyan kifaye, sai sun yi ƙwari su koma teku. Watau kurmin nan shi ne ɗakin renon abin da masunci zai kama baɗi.

To, a nan gizo ke saƙar. Ƙananan jatan lande ba su jimirin jira, in ba a kai su wuta ran da aka kama su ba sun lalace. Itacen da ya fi kusa da rumfunan banda kuwa, ya fi kuma ci ko da ɗanye ne, shi ne na wannan kurmi. Na ga kwalekwale shaƙe da shi suna nufar ƙauyukan masunta, inda mata ke tsaye cikin hayaƙi tun safe, idanunsu jajawur, suna juya kaya a kan raga. Ba wanda zai zarge su, domin ba su da wutar lantarki mai ɗorewa balle ɗakin sanyi. Amma gaskiyar magana ita ce ana sare ɗakin reno ne ana hura wutar banda da shi.

Inda aka sare kuma ba kullum irin itacen ke dawowa ba. Akwai wata bishiya mai kama da kwakwar da ba ta da gangar jiki, ana kiranta nifa. Turawan mulkin mallaka ne suka kawo ta daga Singafo, suka dasa a Kalaba cikin 1906, sa'an nan a Oron cikin 1912. 'Ya'yanta suna yawo a bisa ruwa, duk inda suka sami fili sai su kafu. Yau ta mamaye gaɓa mai yawa, har ta wuce zuwa Kamaru. Ga kyan gani daga cikin jirgi, kore shar, amma masunta ba su yaba ta, sun ce inda ta yi yawa kamu ya kan ragu.

Bayan wannan akwai wahalar da ɗan Adam ke ɗora wa ɗan'uwansa. Tun da aka janye tallafin man fetur cikin watan Mayu na 2023, kuɗin fita kamu ya yi tsalle, kuma injin ba ya tambaya ko an kamo ko ba a kamo ba. Duk masuncin da na zanta da shi sai ya kawo maganar 'yan fashin ruwa, masu tare kwalekwale su kwance injin su bar mutane ruwa na yawo da su. Ga kuma Bakasi, wadda ruwanta na daga cikin mafi albarka a wannan yanki. Kotun Duniya ta ba Kamaru ita cikin 2002, aka kammala miƙa ta cikin watan Agusta na 2008. Mutanen da iyayensu suka yi su a can, yanzu a ƙarƙashin dokar wata ƙasa da harajinta suke jefa taru.

Manyan jatan lande kuwa, galibinsu ba ta wannan kasuwa suke bi ba. Jiragen kamfanoni ne, waɗanda yawancinsu ke da mazauni a Ikko, suke jan taru a ƙasan teku, su tsince su, su daskarar da su tun a cikin jirgi, a sa a kwali a nufi Turai. Doka ta hana waɗannan jirage yin su cikin mil 5 na teku daga gaɓa, an bar wannan wuri domin masu kwalekwale. Koke-koken masunta shi ne ana tsallake wannan iyaka da dare, a tsinka musu taru, a kwashe har da ƙananan kifayen da ba su isa kamu ba.

Duk da haka na sami ɗanye, sabon fitowa, wurin wata mata a bakin ruwa. Alamar mai kyau ita ce jikinsa da tauri, yana sheƙi, kansa manne da jiki, ba ya kuma wari sai na ruwan teku. Na kai shi gidan da aka saukar da ni, na roƙi uwargidan, dattijuwa ce, ta ba ni aron murhu.

Shi wannan girki, in an bi salsalarsa, a birnin Rum aka san taliya cikin man shanu da cuku, wurin wani mai gidan abinci da ake kira Alfredo di Lelio, a farkon ƙarni na 20. Babu kirim a nasa, babu jatan lande, a Amurka aka ƙara waɗannan. Har gobe Italiyawa da yawa suna ganin haɗa cuku da abin da ya fito daga teku rashin iya girki ne. Yadda ake yinsa kuwa ba wuya. A ɗora ruwan taliya da gishiri. Kafin ya tafasa a ɓare jatan lande, a tsaga bayansa a zare baƙin zaren nan, domin hanjinsa ne, a tsane ruwan jikinsa. A narka man shanu a kasko, a jera shi, kowane gefe minti ɗaya zuwa biyu. Da ya juye ya yi ja-ja ya lanƙwashe, a kwashe shi maza, domin in ya daɗe a wuta sai ya koma kamar roba. A cikin wannan man za a soya tafarnuwa sama-sama, a zuba kirim, ko madarar gwangwani marar sukari ga wanda bai samu ba, a rage wuta don kada ta tsinke. A sa masoro da ɗan attaruhu, a juye taliya a ciki tun da sauran ɗan taurinta, a ƙara ludayi guda na ruwan da aka dafa ta, shi ke sa romon ya kama jikinta. Daga ƙarshe a mai da jatan lande, a sauke, a matsa lemon tsami kaɗan.

Dattijuwar nan ta tsaya tana kallo har na gama. Na ce, "Mama, ga shi ki ɗanɗana." Ta kai loma biyu, ta yi shiru, sa'an nan ta ce, "Ɗana, ba laifi, amma ina manja?" Da ta ga na tattara kawuna da ɓawo zan zubar, sai ta riƙe mini hannu. Ta ce ai daɗin duka a kai yake, ita ba ta taɓa ganin wanda ya sayi abu da tsada ya ci rabi ya yar da rabi ba. Ta wanke su, ta zuba a tukunya da albasa da barkono, ta ce romon miyar gobe ke nan. Da na faɗa mata abin da ake biya a kan faranti guda na wannan taliya a manyan gidajen abinci na Ikko, sai ta kira jikanta, wanda ke bin kawunsa kamu, ta ce in maimaita a gabansa.

Kashegari da hantsi na bi ta tasha. Ana lodin wata babbar mota da buhunan kirefish da jarkokin manja. Yaron motar ɗan Arewa ne, ya ce albasa suka kawo Kudu, yanzu kuma Kano suka nufa, in hanya ta yi kyau kwana biyu za su yi.