Gabashin Sakkwato, Inda Ladabi Ke Riga Tambaya

Matafiyin da ya bar Sakkwato ya yi gabas da rani, idonsa kan riga kunnensa ƙoshi. Daga Achida zuwa Wurno fadama ce shimfiɗe da shinkafa da albasa da tafarnuwa, tana shan ruwan Gulbin Rima wanda madatsar Goronyo ke tarewa tun 1984. Direbobi kan so a yi tafiyar da hantsi a dawo kafin magariba saboda matsalar 'yan bindiga, amma kasuwa na ci, manomi na ban-ruwa. Ni kuwa abin da ya fi ƙayatar da ni a ƙasar nan shi ne bakin mutanenta.

Hausa harshe ne mai son rarrabewa. Ba ka iya cewa mutum ya zo sai ka zaɓa tsakanin "ya" da "ta", ba ka iya fuskantarsa sai da "kai" ko "ke". Sakkwatanci ma bai sassauta ba, yana da "wanga" yana da "wagga". Sai dai a zaurukan Wurno, garin da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya yi ribaɗi kuma aka binne shi a 1837, na tarar ba a gaggawar wannan zaɓi. Ka yi sallama, daga ciki a ce, "Su wa ke nan?" Ka shiga, a ce, "An zo lafiya? A zauna." Yaro ya durƙusa gaban tsoho ko tsohuwa ya ce, "Kun wuni lafiya?" Har a kawo ruwa a gama gaisuwa, babu kalmar da ta ware namiji daga mace. Ana yin haka a Kano da Zariya, amma ban taɓa jin an riƙe shi da ƙarfi kamar a nan ba.

A wajejen Rabah, mahaifar Sardauna Ahmadu Bello inda ya zama hakimi a 1934, na zauna da Fulani masu tallar nono da makiyaya. Fulatanci ba ya raba jinsi a wakilin suna. "O" ɗaya ce ga tsoho da budurwa, kuma jam'inta "ɓe". Azuzuwan sunayensa sun haura 20, yana ware mutum daga saniya, ruwa daga itace, amma bai damu da ware mace daga namiji ba. Shi ya sa Bafulatanin daji kan ce game da matarsa "ya tafi kasuwa", mu yi ta dariya muna cewa bai iya Hausa ba, alhali harshensa ne bai ɗora masa wannan tambaya ba. Laƙabin Modibbo ma na malami ne na malama ne.

Tarihin yankin ya san wannan sassauci. Nana Asma'u, wadda ta rasu a 1864, da ta kafa 'Yan Taru don karantar da matan karkara, ta kira shugabanninsu jaji, sunan da aka san mazan da ke jagorantar ayarin fatake da shi. Takan ɗora wa kowace jaji malfa da jan rawani, kayan da aka san Innar Gobir da su. Goronyo kuwa tsohuwar ƙasar Gobir ce, don haka matan nan sun san ma'anar hular tun kafin ta hau kan malama.

A Turai da Amurka kuwa, batun kiran mutum ba tare da ware jinsi ba muhawara ce mai zafi. Akwai mutanen da ke cewa su ba sa jin kansu maza ko mata, suna neman a ambace su da kalmar da ba ta nuna jinsi. Suwidin ta shigar da sabon wakilin suna, "hen", cikin ƙamus ɗin hukumar harshenta a 2015. A 2019 ƙamus ɗin Merriam-Webster ya zaɓi "they", wato "su" da ake kiran mutum ɗaya da ita, a matsayin kalmar shekara. A Goronyo ba a wannan zance. Addini da dokar ƙasa sun tsaya kan namiji da mace, kuma ɗan daudu mai tuyar kaji a tasha, wanda shi da abokansa kan kira juna da "ke", har yau yana shan tsangwama.

Duk da haka malaman zaure ba baƙi ba ne ga mutumin da halittarsa ta ƙi rabuwa biyu. Wani dattijo a Wurno ya tuna mini cewa Muhtasar na Shehu Halil, babban littafin fiƙihun Malikiyya, da mas'alar mata-maza ya rufe. Idan an duba alamomi an kasa tantancewa, a rabon gado ana ba shi rabin kason namiji da rabin kason mace. Wannan batun halittar jiki ne, ba daidai yake da abin da Turawa ke jayayya a kai ba, amma yana nuna cewa magabata sun zauna sun yi lissafin haƙƙin irin wannan bawan Allah, ba su kore shi daga cikin magada ba.

Hukunci a kan waɗannan al'amura na malamai da alƙalai ne, kuma za su ci gaba da tattaunawa. Abin da na gani tsakanin Rabah da Wurno da Goronyo ya shafi kowa: mutanen nan sun iya yi wa baƙo magana, su ba shi tabarma da fura, ba tare da sun fara binciken ko wane iri ne ba. Mu da ke birni, masu saurin laƙaba wa mutum suna tun daga nesa, muna da buƙatar koyon wannan.