Daga San Francisco Zuwa Sunnyvale: Bin Sawun Akwatunan Wasa Masu Cin Sulalla

Ziyarar ɗan yayata da ke aiki a San Jose ce ta kai ni jihar Kalifoniya ta Amurka, amma tun daga gida na ƙudura sai na ga mahaifar akwatunan wasan bidiyo, waɗanda ba sa motsi sai an jefa musu sulalla. Garuruwan da labarinsu ya faro duk a jere suke a kan layin dogo guda.

"Kawu, in asali kake nema, daga bakin teku za mu fara," in ji shi.

Ya kai ni Musée Mécanique, wani zaure a gaɓar Pier 45 a San Francisco, inda aka tara na'urori fiye da 300 da marigayi Edward Zelinsky ya fara tattarawa tun yana yaro. Shiga kyauta ce, sai dai kowace na'ura tana jiran kuɗinta, yawanci kwata, wato santi 25. Ga piyano mai kaɗa kansa, ga ƙatuwar 'yar tsana mai ƙyalƙyala dariya, can ƙurya kuma ga akwatunan bidiyo na shekarun 1980 yara sun yi musu caa. A nan na fahimci cewa ramin sulalla ya girmi wasan bidiyo nesa ba kusa ba. Kasuwa ce da ke ci tun tuni, bidiyo ya zo ya tarar. A 2020 gobara ta cinye wani sito a wannan gaɓa, Allah ya kiyaye zauren.

Washegari muka hau jirgin Caltrain muka nufi kudu. Da muka zo Palo Alto ya nuna mini wajen jami'ar Stanford. A can ne a 1971 Bill Pitts da Hugh Tuck suka girke Galaxy Game, ana biyan santi 10 a buga. Kwamfuta ce sukutum, PDP-11, ke tafiyar da ita, kuma haɗa ta ya ci kusan dala 20,000. Da irin wannan jari, uwar kuɗi ma ba ta dawowa, balle riba.

A gidan tarihin kwamfuta na Mountain View muka dace da ranar da ake kunna tsohuwar kwamfutar PDP-1. Dattawa 'yan sa-kai ne suka farfaɗo da ita, suna ɗora mata manhaja daga doguwar takarda mai huji. Sai ga Spacewar! ta bayyana a fuskar gilashi mai da'ira: kumbo biyu suna harbin juna, tauraro a tsakiya yana janyo su. Steve Russell da abokansa ne suka rubuta ta a jami'ar MIT a 1962, ita ce kuma uwar duk abin da ya biyo baya.

Wanda ya gano bakin zaren matsalar tsada shi ne Nolan Bushnell, wanda ya taɓa aiki a filin shaƙatawa a Utah ya san yadda kwabo ke fita daga aljihu. Shi da Ted Dabney suka cire kwamfutar gaba ɗaya, suka ƙera faifan lantarki wanda wasa ɗaya tak ya iya. Haka Computer Space ta fito a 1971 daga kamfanin Nutting na nan Mountain View, amma ta yi wa mutanen mashaya wuyar sha'ani. A 1972 suka kafa Atari, suka ba sabon injiniyansu Allan Alcorn aikin gwaji: ƙwallon tebur, sanda biyu da ɗigo ɗaya. Shi ne Pong.

Akwatin gwajin yana nan a gidan tarihin, ɗan ƙarami, na katako, da abin murzawa biyu da talabijin baƙi-da-fari a ciki. Shi aka ajiye a mashayar Andy Capp's ta Sunnyvale, ba a jima ba aka yi waya wai ya lalace. Da Alcorn ya buɗe, ashe sulalla ce ta cika shi maƙil har ta toshe hanya. Na daɗe a gabansa hannuna yana ƙaiƙayi, amma ba a taɓawa.

Abin da ya tsaya mini a rai ke nan. A San Francisco na'urori suna raye domin ana buga su, bugun kuma shi ke cinye su. A nan an tsare akwatin daga lalacewa, amma ya daina zama wasa. Gaba kura, baya sayaki.

Tun farko ba a ƙera akwatunan nan don su daɗe ba. Kayan neman kuɗi ne. Wasa ya daina kawo ciniki, a fasa shi a jefar, ko a sake masa fenti a sa wani a cikinsa. Nintendo da kanta ta mai da akwatunan Radar Scope da suka yi kwantai zuwa Donkey Kong a 1981. Waɗanda suka tsira kuwa, damshi yana kumbura katakonsu, batir yana zuba ya ci faifai, ga shi an daina ƙera tsohuwar talabijin mai doro da ke nuna hotonsu. Akwatuna irin Asteroids ta 1979 ma gilashi na musamman suke buƙata, mai zana layi kai tsaye.

Ɗan yayata ya ce, "Ai Kawu, akwai MAME." Gaskiyarsa. Tun 1997 da Nicola Salmoria ɗan Italiya ya fara wannan manhaja, masu sa-kai suke kwafe ƙwaƙwalwar dubban wasanni, har da Space Invaders ta 1978 da Pac-Man ta 1980, domin kwamfutar yau ta kwaikwayi tsohuwar na'ura. Aiki ne mai girma. Sai dai Pong ba ta da manhajar da za a kwafa. Wasan yana cikin yadda aka ƙulla wayoyin ne, sai an bi zanen su ɗaya bayan ɗaya. Kwaikwayo kuma ba ya kawo nauyin abin murzawa a hannu, ko cunkoson 'yan kallo a bayanka.

Da yamma muka ƙarasa Sunnyvale. Ginin mashayar Andy Capp's yana nan a titin El Camino Real, ya koma gidan barkwanci, motoci suna ta wucewa.

A hanyar komawa masu gyaran rediyo na kasuwanninmu ne suka faɗo mini, waɗanda ke jin ciwon na'ura daga ƙararta kafin su ɗauki dalma. Irin wannan hannu ne ke riƙe da tarihin nan, kuma yawancin waɗanda na gani furfura ta cika musu kai. Gidan tarihi zai iya sayen akwati, amma ba a sayen gwaninta. Saboda haka ina ganin duk mai son waɗannan wasanni su kai ga jikokinsa, to ya adana zanen wayoyi da kayan gyara kamar yadda yake adana akwatin, ya kuma zaunar da yaro kusa da kowane dattijo mai gyara tun yana da ƙarfin koyarwa.