Taliya Ba Ta Kwana

Tun ina ƙarama na san cewa a gidanmu na Mairuwa in an ce "an sauke", ba mai tambayar me aka sauke, domin kowa ya san tuwo ake nufi. Shinkafa ta ranar Juma'a ce ko ta salla, ɗanwake da dambu kuwa na rana ne, amma da zarar an sallame Magariba, abin da kunne yake jira shi ne ƙarar mara tana kankarar tukunya. Da wannan sani na tafi Zariya karatu, da shi kuma na riƙa komowa hutu, har zuwa wata ranar Talata da ta sa na ga ya kamata in rubuta wannan ɗan bayani.

Ga wanda bai san wurin ba, Mairuwa gari ne a ƙaramar hukumar Faskari, bisa hanyar da ta tashi daga Funtuwa ta nufi Gusau, kuma an fi saninsa saboda madatsar ruwan da ke shayar da Funtuwa. Ƙasa ce ta noma, ta masara da dawa da auduga. Sai dai mai karatu ya san halin da yankin Faskari da Sabuwa da Ƙanƙara ya shiga a 'yan shekarun nan. A watan Disamba na 2020 aka kwashe ɗalibai fiye da 300 daga makarantar kimiyya ta Ƙanƙara. A 2021 gwamnatin jiha ta rufe hanyar Ƙanƙara zuwa Sheme ga motocin haya, ta hana motoci ɗauko itace daga daji, aka kuma katse layukan waya na wani lokaci. Jaridu sun ba da waɗannan labarai. Abin da ba su faɗa ba shi ne yadda tsoro ya shiga madafi. Itace ya yi tsada, tun da mai shiga daji ya saro shi sai ya sayar da rai. Bafillatanar da ta shekara tana kawo mana nono da man shanu ta daina zuwa, ba mu kuma san inda ta koma ba. Girkin da a da ake yi a natse har bayan Lisha, ana hira ana tuƙi, ya zama abin da ake so a kammala tun da sauran haske, a kashe wuta, a kulle ƙofa.

A wannan Talata zazzaɓi ya kayar da Inna, Baba ya kai ta asibiti a Funtuwa tun da hantsi, ba su dawo ba sai bayan La'asar, ita kuwa ko zama ba ta iyawa. Na leƙa kwanon gari na tarar ba ko na talge, gama mai injin niƙan unguwarmu ya kwana biyu bai tayar ba don rashin mai. Ga bakuna tara suna jira, har da Kaka, mahaifiyar Baba, wadda ba ta taɓa kwana da wani abu a cikinta ba in ba tuwo ba. Ko da akwai gari ma, wanda ya san aikin tuwo ya san ba a yi masa gaggawa: a tankaɗe, a tafasa ruwa, a yi talge, a bari ya nuna, a tuƙa da muciya har hannu ya gaji, a rufe ya sulala, sa'an nan a kwashe, ga miya kuma tana jiran tata tukunyar. Rana kuwa ta riga ta yi ja.

A nan ne na tuna da wani girki da muka koya a ɗakin kwanan ɗalibai. Wata abokiyar karatuna ce ta gan shi a waya, wai abincin daren ma'aikatan Amurka ne a ranakun aiki, wanda ake gamawa cikin rabin sa'a. Taliya ce da ake haɗawa da madara mai kauri da cuku da wani nama da suke kira feferoni. Da muka bincika sai muka tarar naman nan niƙaƙƙe ne, galibi na alade haɗe da na sa, ana cakuɗa shi da gishiri da jan barkono, a ɗura a hanji ko makamancinsa, a bar shi ya tsumu ya bushe. Mutanen Italiya da suka yi ƙaura zuwa Amurka ne suka ƙago shi a farkon ƙarni na 20, kalmar kuwa a harshensu na asali tattasai take nufi, ba nama ba. Da jin alade muka san wannan ba namu ba ne. Amma da muka dubi aikin da naman yake yi a cikin tukunya, watau ya ba da gishiri da yaji da maiƙo ba tare da an ɓata lokaci wajen dafa shi ba, sai muka ga ai Bahaushe ya daɗe da nasa. Kilishi ke nan.

Na aiki ƙanena bakin titi ya sayo ledar taliya uku, kowace mai giram 500, da gwangwanin madara biyu, da kilishi gwargwadon kuɗin da ke hannuna. Kafin ya dawo na hura gawayi na ɗora ruwa da gishiri. Kilishin na yayyaga shi ƙanana, na jiƙa a ɗan ruwan ɗumi don ya saki. Na soya albasa da tafarnuwa da attaruhu a man gyaɗa, na zuba tumatir huɗu da na jajjaga, da suka soyu sai na juye kilishin har da ruwan da ya jiƙa a ciki. Wannan ruwa bai kamata a zubar ba, domin labun da mahauta suke shafa wa kilishi, wanda ake haɗawa da tunkuza da citta da kanumfari da barkono, shi ne yake narkewa ya ba miyar kauri, ya tsaya a matsayin cukun da ba mu da shi. Taliyar kuwa ba na barinta ta wuce minti goma a wuta, kuma kafin in tsane ta nakan ɗebi moɗa guda na ruwanta in ajiye.

Wurin da ake kuskure shi ne wajen zuba madara. Karon farko da muka gwada a Zariya da kindirmo muka yi, muka zuba shi tukunya tana tafasa, nan take ya tsinke, ruwa gefe guda, gudaji gefe guda, muka ci don dai ba mu da wani. Abin da ya faru shi ne tsamin tumatir da zafin wuta sun haɗu sun daskarar da nonon. Tun daga ranar nakan sauke tukunya tukuna, in sirka madarar da ruwan taliyar nan da na ajiye, in zuba a hankali ina juyawa, sa'an nan in juye taliyar a ciki. Ladan bai kira Magariba ba sai da na gama rabawa.

Yara suka cinye har suna lashe kwano. Baba ya ci bai ce kome ba, wanda a wurinsa yabo ne. Inna ma ta samu ta ci loma biyu ta sha magani. Kaka ce ta buɗe nata kwanon, ta daɗe tana dubawa, sa'an nan ta ce, "Kishiya, wannan na taɓa ka lashe ne kafin a sauke, ko kuwa shi ke nan?" Na ce shi ke nan, Kaka. Ta ce to, Allah ya kyauta.

Ba ta kai ga sa hannu ba sai ga sallamar almajirin gidanmu, yaron da ke yi mana ɗiban ruwa, wanda kullum yake da malmalarsa a ajiye. Na koma madafi na tarar tukunya ƙarƙaf. Ina tsaye ina tunanin abin yi, sai ga yarinyar maƙwabta da kwanon ciyayya, tuwon dawa miyar kuka, tana jira a juye a zuba mata namu kamar yadda aka saba tun kafin a haife ni. Kunyar da na ji a daren nan ban taɓa jin irinta ba. Na auna taliya daidai bakuna tara, na manta cewa tukunyar gidanmu ba ta taɓa zama ta mutum tara ba. Kaka ta raba nata kashi biyu, rabi ga almajiri, rabi a kwanon maƙwabta, ita kuma ta jawo tuwon da aka kawo ta ci abinta.

Da safe babu ɗumame. Wanda bai tashi a gidan da ake karyawa da ɗumame ba, ba zai gane girman wannan rashi ba. Tuwon dare a ƙasar Hausa abinci biyu ne a wuta ɗaya, domin da gangan ake tuƙa shi ya yi saura, a ɗumama da safe yara su ci su tafi makarantar allo, manya su tafi gona. Sai da Baba ya fitar da kuɗin koko da ƙosai na mutum tara, kuɗin da ya kusa kai na taliyar jiya.

Ni kuwa, da yake ɗalibar Hausa ce, ban yarda na sha kaye ba gardama ba. Na ce wa Kaka taliya ba baƙuwa ba ce a ƙasar nan. Tun kafin ta leda ta zo, matan birane suna murza ta alkama da hannu, daga baya aka samu ɗan injin murji, ana shanya ta a igiya, a ci da mai da yaji ko da wake. Ita kanta kalmar alkama daga Larabci muka aro ta, sunan taliya kuwa wasu suna danganta shi da Italiya, wasu da kalmar Larabci itriya, wadda masanin ƙasa Al-Idrisi ya ambata a 1154 yana bayanin yadda ake yin ta a tsibirin Sisili ana kai ta ƙasashe. Na ƙara da cewa tuwon masarar da take taƙama da shi ma bai zama na kowa a yankinmu ba sai bayan da aka kafa shirin bunƙasa noma na Funtuwa a 1975, aka yawaita taki da sabon iri. Kafin nan dawa ce da gero.

Ta saurare ni har na gama, ba ta musa ko ɗaya ba. Ta ce ta tuna lokacin da tsofaffi suke cewa tuwon masara ba ya riƙe ciki, ga shi yau sun mutu sun bar shi. Amma, in ji ta, masara da ta zo ta shiga tukunyar da ta tarar, ta yarda a tuƙa ta da yawa, a ba maƙwabci, a ba almajiri, ta kuma kwana. "Taki kuwa ba ta kwana. A leda take zuwa, a ƙirge."

Na juya maganar nan a raina kwana da kwanaki. A ganina Kaka ta yi gaskiya a kan abin da ta gani, amma ta ɗora laifin inda ba nan yake ba. Hatsin tuwo daga rumbu ake ɗebo shi, shi ya sa hannu ba ya rawa wajen awo. Taliya da madara da kilishi kuwa kowanne kuɗi ne a hannu, mafi yawan alkamar ma daga ƙetare ake shigo da ita, farashinta kuma ya hau bayan yaƙin Rasha da Yukren a 2022 da cire tallafin man fetur a 2023. Wanda ya saya da ƙirge, da ƙirge zai raba. Rumbunan da yawa kuma ba su cika kamar da ba, tun da gonakin da ke nesa da gari wasu an bar su ba a noma ba. Matar da ta ɗora taliya da yamma a Mairuwa ba lalaci ne ya sa ta ba, so take ta kashe wuta kafin duhu.

Ranar Alhamis mai inji ya samu mai, aka kai niƙa, na tuƙa tuwo ya yi gudaji, Kaka ta ci tana yi mini tsiya wai karatu ya cinye mini hannu. Kwana biyu kafin in koma makaranta ta kira ni ɗakinta, ta kwance bakin zane ta ba ni kuɗi, ta ce in sayo leda biyar in sake yin abin nan mai kilishi, amma da rana, kuma in fara zuba na almajiri kafin na kowa.